Amintattu shida, fili ɗaya, da odar kotu da ta kulle asusun marayu

## Yadda gidauniyar take tun farko

Ba zan kama sunan gidauniyar nan ba, haka ma mutanen da ke cikinta. Abin da ya kamata mai karatu ya riƙe shi ne tana ƙasar da ta gaji tsarin shari'ar Ingila, kuma wani attajiri ne ya kafa ta da dukiyarsa. Ya ba ta bene mai hawa uku da ake haya, ƙasa shaguna sama ofisoshi, da wani babban fili da ba a gina komai a kai ba, sai asusun banki guda ɗaya. Da kuɗin hayar nan ake biya wa marayu 80 kuɗin makaranta, ana kuma riƙe da ɗan ƙaramin asibiti mai ma'aikatan jinya biyu.

Amintattu bakwai aka yi wa rajista: shi mai gidauniyar a matsayin ciyaman, babban ɗansa, ƙanensa, wani dattijo abokinsa, wani akanta mai ritaya da aka ba ma'aji, wata tsohuwar shugabar makaranta da ke riƙe da sakatariya, sai wani likita.

Kundin dokokin gidauniyar gajere ne sosai. Ya ce a ba kowane amintacce sanarwar miting a rubuce kwana 14 kafin ranar, miting ba ya halatta sai mutum huɗu sun zauna, sayar da gini ko fili sai da amincewar mutum biyar, cek kuma sai biyu daga cikin mutum uku sun sa hannu, wato ciyaman da ma'aji da sakatariya. Bai ce komai ba a kan wanda zai gaji ciyaman in ya rasu, bai faɗi yadda ake cire amintacce ba, bai kuma faɗi abin da za a yi in ƙuri'a ta zo kunnen doki ba. Shekara 11 aka yi a haka ba wanda ya lura, saboda mai gidauniyar ne ke yanke komai da bakinsa, miting sau ɗaya a shekara ake yi kuma shi ma kusan zaman jin rahoto ne kawai a watse.

Duk watannin da zan ambata a ƙasa daga ranar rasuwarsa nake ƙirgawa.

## Wata 1 zuwa 4: kujerar da ba a zaɓi mai ita ba

Bayan rasuwar, ɗan marigayin ya ci gaba da zama a kujerar ciyaman ba tare da an kaɗa ƙuri'a ba, ba kuma wanda ya yi magana a lokacin don ana cikin jimami. Banki ma an kai musu wasiƙa cewa shi zai maye gurbin mahaifinsa a sa hannu, ma'aji da sakatariya duk sun sa hannu a wasiƙar.

A wata na 3 ya kawo maganar sayar da filin. Hujjarsa kuma ba ta banza ba ce: rufin benen yana yoyo har 'yan hayar hawa na sama sun fara barazanar tashi, filin ba ya kawo ko sisi, ga wasu sun fara cin iyakarsa ta gefe ɗaya, kuɗin makaranta kuma kullum ƙaruwa yake. Ƙanen marigayin da dattijon nan suka goyi bayansa. Ma'aji da sakatariya da likita suka ce a'a, marigayi ya sha faɗa a gabansu cewa filin na faɗaɗa asibiti ne, in ma dole sai an sayar to a kira mai kimanta kadara ya faɗi darajarsa tukunna.

A wata na 4 ma'aji ya gano cewa kamfanin da ke neman sayen filin, ƙanen marigayin yana da hannun jari a ciki. Daga nan magana ta canza, uku da uku, kowa ya ja daga.

A wannan tsarin shari'a amintattun gidauniyar taimakon jama'a suna iya yanke shawara da rinjaye, saɓanin amanar dukiyar iyali da sai kowa ya yarda, to amma uku da uku ba rinjaye, ga shi kundin ya ce fili sai mutum biyar.

## Wata na 5: miting ɗin da ya fasa kwamitin

Ɗan marigayin ya kira miting ta saƙon waya, kwana 3 kacal kafin ranar, a lokacin likitan ya yi tafiya. Ma'aji da sakatariya sun je, da suka ga abin da ke cikin ajanda suka ce wannan zama bai halatta ba suka tashi suka fita, amma kafin nan sun riga sun sa hannu a takardar halarta.

Mutum ukun da suka rage suka ci gaba. Suka naɗa sabbin amintattu biyu, suka cire ma'aji bisa abin da suka kira hana ruwa gudu, sannan da ƙuri'ar sabbin biyun suka haɗa biyar suka amince da sayar da fili, duk a zama ɗaya. Washegari aka rubuta wa banki a canza masu sa hannu.

## Abin da aka gwada kafin a je kotu

Sati biyar aka yi ana ƙoƙarin kashe wutar a cikin gida. Sakatariya ta rubuta wasiƙu biyu tana jan hankali ga maganar kwana 14, ba a ba ta amsa ba. An sa wasu manya da kowa ke jin nauyinsu suka zauna da ɓangarorin sau biyu, amma sun ɗauki abin a matsayin rigimar ɗa da abokan ubansa, suka yi ta ba da haƙuri, ba wanda ya buɗe kundin ko ya tambayi nawa filin zai yi a kasuwa, saboda haka kowa ya fito da ra'ayin da ya shiga da shi.

An kai ƙorafi ga hukumar da ke yi wa ƙungiyoyi rajista, ta amsa cewa ta karɓa tana dubawa, shi kenan. A nan ƙasashe sun bambanta sosai. A Ingila da Wales dokar ƙungiyoyin agaji ta 2011, sashe na 115, ta hana a kai irin wannan rigimar cikin gida kotu sai da izinin hukumar kula da ƙungiyoyin agaji, ko na alƙali in hukumar ta ƙi, don kada kuɗin sadaka ya ƙare a shari'a. A Indiya sashe na 92 na dokar shari'ar farar hula ta 1908 ya ce mutum biyu ko fiye da ke da ruwa da tsaki za su iya shigar da ƙara kan amanar jama'a amma sai sun nemi izinin kotu. A Najeriya dokar kamfanoni ta 2020 ta zo da sashe na 839 kan dakatar da amintattu da naɗa manajan riƙo, wanda ya jawo ce-ce-ku-ce daga ƙungiyoyin addini da masu zaman kansu har ta kai ga kotu. Ita gidauniyar da muke magana ba abin da ya tare mata hanyar zuwa gaban alƙali.

A cikin satin biyar ɗin nan ne ma'aji ya yi abu biyu da za su dawo masa daga baya. Ya kwashe takardun mallakar filin da littattafan cek ya kai gidansa, sannan kafin banki ya gama canza sa hannu, shi da sakatariya suka cire kusan rabin kuɗin da ke asusun suka zuba a wani sabon asusu da suka buɗe da sunan gidauniyar a wani banki, a cewarsu don kada a taɓa.

## Wata na 6: odar farko

Labari ya zo wa ɓangaren ma'aji cewa za a sa hannu a yarjejeniyar ciniki cikin sati guda. Lauyansu ya shigar da ƙara yana neman kotu ta ce miting ɗin wata na 5 haramtacce ne, ya kuma haɗa da buƙatar gaggawa ta a ba da umarnin wucin gadi ba tare da an jira jin ɗaya ɓangaren ba.

Ma'aunin da kotuna ke bi a irin wannan buƙata sananne ne. Ya yi ƙarfi ne daga shari'ar American Cyanamid da Ethicon a 1975, rigima kan haƙƙin mallakar zaren ɗinkin tiyata mai narkewa a jiki, inda kotun ƙolin Birtaniya ta wancan lokacin ta ce a wannan mataki ba aikin alƙali ba ne ya gano wanda ke da gaskiya. Zai duba ne ko akwai magana mai nauyi da ta cancanci a saurara, ko diyyar kuɗi za ta wadatar in an bari ɓarnar ta faru, sannan wane ɓangare ne zai fi cutuwa in an ba da odar ko an hana, in abubuwan sun yi daidai sai a bar komai yadda yake har a gama shari'a. Mai neman odar kuma dole ya ɗauki alkawarin biyan diyya in daga baya ta bayyana bai cancance ta ba. Ita kuwa odar da ake bayarwa a bayan idon wanda ake ƙara tana da ƙarin sharaɗi, Kotun Ƙolin Najeriya ta fayyace shi a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya a 1989: sai in gaggawar ta gaske ce, ba wadda mai ƙara ya jawo da jinkirinsa ba, kuma odar ta ɗan lokaci ce zuwa a ji kowa.

A kan fili hujjarsu ta tsaya da ƙafarta, domin fili in ya shiga hannun mai saye ya wuce zuwa wani dawo da shi wahala ne. To amma lauyan bai tsaya nan ba, ya jero buƙatu huɗu kuma alƙali ya ba da duka: kada a sayar da fili, kada sabbin amintattun biyu su gabatar da kansu a matsayin amintattu, kada waɗanda ake ƙara su kira wani miting, sannan kada waɗanda ake ƙara ko wakilansu ko wani mutum daban ya taɓa asusun gidauniyar har sai an saurari ɓangarorin biyu.

Wannan ta huɗun ita ce ta zama matsala. Da aka kai wa bankuna takardar ba su tsaya fassara ba, suka rufe asusun duka biyu, har da sabon da ma'aji ya buɗe.

## Wata 6 zuwa 8: abin da odar ta haifar

Cinikin fili ya tsaya cak, wannan kam ta yi aikinta tun ranar farko.

Sai dai sati biyu bayan haka aka koma makaranta. Makarantu shida ne yaran ke ciki, biyu suka yarda su jira, huɗu suka ce sai an biya ko da rabi, yara suka fara zama a gida. Ma'aikatan jinya suka yi wata biyu ba albashi, maganin asibiti ya ƙare, mai kawo maganin ya ce ba zai ƙara ba da bashi ba sai ya san wa zai biya shi. 'Yan haya kuma kowane ɓangare ya aiko musu da wasiƙa yana cewa shi ne halastacce, wasu suka ga dama ta samu suka daina biya gaba ɗaya suna cewa sai an gama shari'a.

An sa ranar sauraron ɓangarorin biyu bayan kwana 14, ranar ta zo lauyan waɗanda ake ƙara ya ce bai gama haɗa takardun rantsuwa ba aka ɗage, zama na biyu alƙali ba ya nan, na uku aka ɓata shi wajen gardamar ko wannan kotun ma tana da hurumin sauraron ƙarar, kuma duk ɗagewa ana tsawaita odar yadda take ba a taɓa ko kalma ɗaya ba.

A wannan tsakanin ɓangaren ɗan marigayin suka yi abu biyu da ba su amfane su ba. Na farko suka fara karɓar haya a hannu daga wasu masu shaguna suna biyan wasu buƙatu da ita, har da kuɗin makarantar yara 20, suna ganin ai ba su taɓa asusu ba, sai ɗaya ɓangaren ya shigar da ƙarar raina kotu, aka ƙara samun wani fayil a kan na farko. Na biyu suka tafi wata kotun daban suka samo tasu odar da ke hana ma'aji kiran kansa ma'aji, ba tare da sun faɗa wa wannan alƙalin cewa akwai shari'a a wani wuri ba. Kwana 10 ta yi, da alƙalin ya samu labari ya janye ta ya kori ƙarar ya kuma ci su tarar kuɗin shari'a.

## Wata na 8: an soke oda, an ba da wata

Da aka samu zama na gaske, lauyan waɗanda ake ƙara bai ɓata lokaci kan miting ba, takardar rantsuwar ma'aji ya kama. A cikinta ma'aji bai faɗi cewa ya halarci miting ɗin har ya sa hannu a takardar halarta ba, bai faɗi cewa takardun fili suna gidansa ba, wanda hakan na nufin cinikin ma ba zai kammalu cikin sati guda ba kamar yadda ya rantse, bai kuma ambaci rabin kuɗin da ya matsar zuwa wani banki ba. Ya kuma san da maganar cinikin tun wata na 3.

Dokar a nan tana da tsauri kuma tsohuwa ce. Wanda ya je gaban alƙali shi kaɗai wajibi ne ya faɗi duk abin da ke da muhimmanci har da wanda zai cutar da shi, tunda ba mai tsaya wa ɗaya ɓangaren. Tun 1917 kotun ɗaukaka ƙara ta Ingila, a shari'ar wata gimbiya da hukumar harajin Kensington, ta ce wanda ya ɓoye gaskiya a irin wannan buƙata zai rasa odar da ya samu ba tare da an ma duba ko yana da gaskiya a asalin maganar ba.

Alƙali ya soke odar farko saboda ɓoye bayani. Amma a zaman nan dai, tunda yanzu ya ji kowa, ya ba da sabuwa da za ta tsaya har ƙarshen shari'a: ba sayar da fili ba jinginar da shi, a kawo takardun mallaka a ajiye wajen magatakardan kotu cikin kwana 3, ma'aji ya mayar da kuɗin da ya matsar cikin kwana 7, duk haya ta shiga asusu ɗaya, a buɗe asusun don abubuwa huɗu kawai, kuɗin makaranta, albashi, magani da gyaran gini na dole, kowane cek da sa hannun mutum ɗaya daga kowane ɓangare, a kuma kawo wa kotu bayanin shiga da fitar kuɗi duk ƙarshen wata. Maganar raina kotu ya ajiye ta gefe da sharaɗin a lissafa hayar da aka karɓa a hannu.

A kan cinikin kansa ya yi tsokaci ɗaya da ya sanyaya jikin ƙanen marigayin, cewa amintacce ba ya sayen kayan amanar da ke hannunsa, kai tsaye ko ta bayan kamfani, kuma ba a tambayar ko farashin ya yi kyau. Tushen wannan tsauri yana komawa har shari'ar Keech da Sandford ta 1726, inda wani amintacce ya sabunta hayar wata kasuwa da sunansa bayan mai wurin ya ƙi sabuntawa da sunan yaron da ake riƙe wa amanar, kotu ta ce duk da haka ya miƙa wa yaron, domin in aka buɗe wannan ƙofa ba amanar da za ta tsira.

## Wata 9 zuwa 11: sa hannu biyu ya gagara

An biya albashin baya, an biya makarantu, yawancin yara suka koma. Amma tsarin sa hannun bai kai wata biyu yana tafiya ba. Ma'aji ya ƙi sa hannu a cek ɗin gyaran rufi yana cewa ɗan kwangilar na kusa da ɗan marigayin ne, shi kuma ɗan marigayin ya rama da ƙin sa hannu a na magani yana cewa likitan ne ya zaɓi mai kawowa. Damina ta samu rufin a haka, ofisoshi biyu na sama suka tashi.

A wata na 11 kotu, da yardar lauyoyin biyu, ta naɗa wata akanta da ba ta da alaƙa da kowa a matsayin manajar riƙo na wata shida. Ita kaɗai ke sa hannu, ita ke karɓar haya, aka kuma umarce ta ta kawo abu biyu: binciken kuɗin gidauniyar na shekara biyar baya, da kimanta darajar fili daga masu kimantawa biyu da ba su san juna ba. Ladanta daga asusun gidauniyar yake fita, wannan ma asara ce da dole a lissafa.

Cikin takardun farko da suka iso teburinta akwai lissafin kuɗin lauyoyin ɓangarorin biyu, kowa yana cewa ai don kare gidauniya yake shari'a. Ta ƙi biya ta mayar da maganar gaban alƙali, shi kuma ya ce kowa ya riƙe nasa tukunna. Ƙa'idar da aka sani tun shari'ar Beddoe ta 1893 ita ce amintaccen da ya shiga shari'a ba tare da ya fara neman amincewar kotu cewa asusun amana zai ɗauki kuɗin ba, to a kan aljihunsa ya shiga, sai in ya nuna daga baya cewa abin da ya yi daidai ne kuma don amanar ya yi. Daga wannan ranar yawan takardun da ake shigarwa kotu ya ragu sosai.

## Wata 12 da 13: abin da rahoton ya nuna

Masu kimantawa biyun sun zo kusa da juna, kuma farashin da kamfanin ya taya bai wuce kashi biyu cikin uku na ƙaramin ƙiyasin ba.

Binciken kuɗi bai samu ma'aji da cin ko kwabo ba, kuɗin da ya matsar sun dawo cif, amma ya samu rasit da yawa babu, shekara uku ba a yi odit ba. Hayar da ɗan marigayin ya karɓa a hannu ita ma an ga inda ta tafi ban da ɗan abin da ba a samu takardarsa ba, ya kuma biya.

Sai babban abin da ba wanda ya sani cikin su shidan: hayar benen ba ta taɓa isar gidauniyar ba. Duk shekara akwai giɓi na kusan kashi ɗaya cikin huɗu, marigayin ne ke cikewa daga aljihunsa ya zuba a asusu ba tare da ya rubuta ko ya gaya wa kowa ba, ma'aji kuma yana shigar da shi a littafi a matsayin gudummawa kawai. Wato ɗan yana da gaskiya da ya ce kuɗi ba za su kai ba, ma'aji kuma yana da gaskiya da ya ce cinikin nan ba shi da tsabta.

## Wata 14 zuwa 17: sulhu

Alƙali ya tura su wajen mai sasanci na kotu, wannan karon da rahoton a gaban kowa. Zama huɗu aka yi. Abin da ya fi ɗaukar lokaci shi ne waye zai sauka, don kowa na ganin sauka amsa laifi ne. Lauyoyin suka nuna musu abin da kotu za ta iya yi in an bar mata, bisa shari'ar Letterstedt da Broers ta 1884 da ta taso daga Afirka ta Kudu: abin da ake dubawa wajen cire amintacce shi ne maslahar waɗanda aka yi amanar dominsu, rashin jituwa kaɗai bai isa ba, amma in ya kai ga aikin amanar ya tsaya ana iya cire mutum ko ba a same shi da rashin gaskiya ba. Wannan ya ba su hanyar sauka ba tare da tabo ba.

Aka amince miting ɗin wata na 5 da duk abin da aka yanke a cikinsa ba su da inganci. Ƙanen marigayin da ma'aji duka suka sauka a rana ɗaya, aka kawo sabbin amintattu uku daga waje da ɓangarorin biyu suka yarda da su, aka koma bakwai. Ciyaman zai zama na zaɓe duk shekara uku, a zaɓen farko ɗaya daga cikin sabbin ne ya samu, ɗan marigayin ya ci gaba a matsayin amintacce. Aka gyara kundin: yadda ake cire mutum da ba shi damar kare kansa, duk mai wata maslaha a ciniki ya bayyana ya fita daga ɗakin, odit duk shekara, in an yi kunnen doki ciyaman ya raba, sannan dole a je sasanci kafin kotu. Filin aka raba biyu, rabi a sayar ta hanyar tallatawa a fili a gyara rufi a ajiye saura yana kawo riba, rabi a bar wa asibiti. Kowa ya biya lauyansa. A wata na 17 kotu ta mayar da yarjejeniyar hukunci, ta janye odar, manajar riƙo ta miƙa littattafai.

Rabin filin da aka sayar a bainar jama'a ya kawo kusan abin da kamfanin ya so ya biya a kan filin duka. Ta ɗaya gefen kuma, cikin yara 80, 11 ba su koma makaranta ba ko bayan an biya, ma'aikaciyar jinya ɗaya ta samu aiki a wani wuri, asibitin ya yi wata biyar a rufe.

## Yadda nake ganin abin

Zuwa kotun farko daidai ne, ba na shakka a kan wannan. Da ba a tsayar da cinikin ba da gidauniyar ta yi asarar da ba za a iya mayarwa ba, kuma ba wasiƙa ko zaman manya da zai tsayar da shi. Inda aka yi ɓarna shi ne faɗin odar. Fili ne ke cikin haɗari, an nemi a kulle har da asusun da ake ciyar da aikin yau da kullum, don a ɗaure hannun abokin rigima, kuma a takardun da aka kai wa alƙali ba inda aka rubuta cewa saura sati biyu a koma makaranta. Alkawarin biyan diyya da ma'aji ya ɗauka waɗanda ake ƙara yake karewa, yaran ba sa cikin ƙarar, ba su da lauya, ba kuma wanda zai biya su zangon da suka rasa. Wannan shi ya fi ci mini rai a duk lamarin, domin layi ɗaya a cikin buƙatar, cewa ban da kuɗin makaranta da albashi da magani, da ya wadatar.

Ɓoye bayanin da ma'aji ya yi ma bai ƙara masa komai ba, hujjarsa kan sanarwar kwana 3 da hannun jarin ƙanen marigayin ta isa ta samo masa odar fili ko da ya faɗi komai, ɓoyewar ce ta sa zaman wata na 8 ya koma shari'a a kansa shi maimakon a kan cinikin. Haka su ma ɗaya ɓangaren, ranar farko suna da damar komawa gaban alƙalin nan su nemi a sassauta odar saboda yara, kuma da wuya a hana su, sai suka zaɓi karɓar haya a hannu da zuwa wata kotun.

Oda ta biyu ta fi ta farko nesa ba kusa ba saboda ta raba abin da ake tsarewa da abin da dole ya ci gaba da tafiya, kuskurenta ɗaya shi ne ta ɗora tafiyar a kan haɗin kan mutum biyu da ke shari'a da juna. Abin da ya warware rigimar a zahiri abu biyu ne da suka zo a wata na 11: an sa mutumin da ba shi da ɓangare ya fito da lissafin da kowa zai yarda da shi, kuma an hana kowa yin shari'a da kuɗin marayu. Sulhun wata na 14 ya yi nasara inda na wata na 5 ya gaza ne saboda wannan karon akwai ƙiyasin fili da giɓin kuɗi a rubuce a kan tebur. Kimantawar nan ita ce ainihin abin da ma'aji ya nema tun wata na 3, kuma sati uku kawai ta ɗauka da aka tashi yin ta.

Giɓin kashi ɗaya cikin huɗun nan har yanzu bai rufe duka ba, ribar kuɗin filin tana cike wani ɓangare ne kawai, saboda haka sabon kwamitin ya yanke cewa ba za a ɗauki sabbin yara ba sai waɗanda ke ciki sun fara kammalawa, sakatariya kuma ita aka ɗora wa bin sawun 11 ɗin nan gida gida, zuwa lokacin miƙa littattafai ta samo huɗu da suka yarda za su koma a zango mai zuwa.